Hayar Tumbi

Daren jiya mafarki ya kai ni wani gari da ban san sunansa ba. Ruwa ake yi, amma daga ƙasa yake tashi zuwa sama, don haka kowa ya kifa lemarsa wajen ƙafafu, kawuna kuwa a bushe. Ban yi mamaki ba. Abin da ya dame ni shi ne Inna, mahaifiyata, tana kan hanya daga ƙauye, ni kuwa na rame.

Ko a farke haka zancen yake. Tun da likita ya raba ni da mai da gishiri saboda hawan jini, wuyana ya fito, riguna suka yi mini yawa. Ni dai ina jin daɗin jikina. Amma a wajen Inna, namiji ya rame alhali da mata a gida, to ko matar ba ta iya tukunya ba, ko ba ta ƙaunarsa. Furera, matata, ita za ta sha maganar.

A ƙofar garin wata akuya ce zaune bayan tebur, da tabarau, tana tauna hular wani. Ta dube ni sama da ƙasa.

"Kana da aure?"

"Ina da shi."

"Da wannan wuyan?" Ta girgiza kai. "Allah ya shirya matan zamani. Bi ta nan, ka nemi masu hayar tumbi."

Sai ga ni a kasuwa. Ga tumbuna nan rataye a rumfa kamar ƙorai: na 'yan kwangila, na tsofaffin direbobi, da ƙanana na angwaye masu tasowa. Mai rumfar, wani tsamurarren mutum da ake kira Tanimu, shi bai ɗaura ko ɗaya ba. Ya sauko mini da wani mai sheƙi, ya kaɗe masa ƙura.

"Na marigayi Alhaji Ɗangaladima ne. Bai ma more shi ba."

"Me ya kashe shi?"

"Lafiya," in ji Tanimu. "Lafiya ce ta yi masa yawa. Juya in ɗaure maka."

Ya ƙulle igiyar a tsakiyar bayana, inda hannuna ba ya kaiwa. Nan take kasuwa ta koma kirana ranka ya daɗe. Wani tsoho ya tashi ya ba ni kujerarsa, sannan ya nemi in raba musu gardamar wata gona. Na raba, ban san komai a kai ba, kowa ya ce na yi adalci. Abin ya yi mini daɗi sosai.

Sai ga ni a tsakar gidanmu. Tuwo yana tuƙa kansa a murhu. Inna ta zagaye ni tana tafa hannu, Furera tana durƙushe a gefen tabarma.

"Masha Allah, yanzu na ga ɗa," in ji Inna. Ta juya wajen Furera. "'Yar nan, Allah ya yi miki albarka. Ashe sharri ake yi miki."

Tun da aka kawo Furera gidan nan ba ta taɓa jin wannan daga bakin Inna ba. Ta sunkuyar da kai tana murmushi, hawaye suna hawa goshinta.

A lokacin na lura ƙasa ta kai mini idon sawu. Can ta kai gwiwa.

"Inna, nutsewa nake yi."

"Ci tuwo, ɗan nan. Wanda ya ƙoshi ai dole ƙasa ta san da shi."

Maƙwabta suka shigo kallo. Ƙasa ta kai mini ƙugu, tumbin yana jana a hankali, babu zafi. Wata ta ce ko gawar ma za ta yi kyau a likkafani, sauran suka ce ƙwarai kuwa.

Furera ta zagayo bayana, ta ɗora hannu a kan ƙullin. Ja ɗaya ya isa. Inna kuwa ba ta gama sa albarka ba, ta kai kan iyayen Furera tana shirin shiga kakanni. Na ji hannun ya janye. Na ji ya dawo. Ƙasa tana taɓa haɓata, ni kuma na rasa wanne zan roƙe ta, ta ja ko ta bari.

Ƙarar albasa a cikin tafasasshen mai ce ta tashe ni. Gari ya waye. Furera ta leƙo daga kicin da ludayi a hannu, ba ta yarda mun haɗa ido ba.

"Baban Ummi, Inna ta kira, sun iso tasha. Na san abin da likita ya ce. Amma don Allah, yau kaɗai, ka cinye a gabanta."

Na ce to.