Daƙiƙa Biyu a Bakin Uba

Tun da Sumie Kuramochi ta shiga ɗakin ɗaukar murya a unguwar Suginami gabanta ke faɗuwa. Shekara ashirin da shida tana rubuta labaran zane na talabijin, sai bana aka ba ta babban fim na sinima. Shi kuwa Darakta Hibino, wanda ba ya ganin rubutun wani ya ƙyale, ya yi ta datsa har saura wuri ɗaya da yake nata tsantsa: uba yana sallama da 'yarsa a tashar jirgin ƙasa. In wannan ma ya tafi, sunanta kawai zai rage a fim ɗin, kuma kowa a sana'ar zai ji labari.

Tsoho Tadokoro, mai yin muryar uban, ya fara karantawa. Ko rabi bai kai ba uban da ke kan allo ya tsuke baki. Daƙiƙa biyu kacal masu zane suka buɗe masa shi.

"Malama," in ji Tadokoro, "ko ni aku ne, wannan wa'azin ba zai shiga ba."

"To a sake zana bakin mana," ta ce a hankali.

Hibino ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba. "Saura kwana tara a haska fim. Ki gutsuro mana daidai bakinsa kafin shayin nan ya huce, in ba haka ba in rubuta da kaina."

Layi biyar ne, uban yana neman gafara, yana cewa yana alfahari da ita. Ta soke nan, ta soke can, duk inda ta yanke sai ya koma shirme. Tsoro ya kama ta sosai, ga kunya, don ita kaɗai ta san asalin layukan. Maganar da ta so nata uban ya faɗa ce a tashar jirgi ranar da ta baro garinsu Toyama, bai kuwa faɗa ba. Shekara na zagayowa ya rasu, tana fushi da shi.

Hibino ya cire murfin alƙalaminsa.

"Dakata, Darakta," in ji Sumie.

Ba ta da sauran dabara, sai ta rubuta abin da mahaifin nata ya faɗa da gaske. Aka maido hoton, Tadokoro ya matsa kusa da makirufo.

"Tafi da lemar, za a yi ruwa."

Baki ya buɗe, ya rufe daidai. Tadokoro ya cire tabarau yana gogewa.

"Wannan uban yana son 'yarsa, Malama. Na ɗazu surutu yake so."

"Ya yi," in ji Hibino. "Mu je na gaba."

Kowa ya juya shafi ban da Sumie. Ta tuna lemar sarai, baƙa ce mai karyayyen ƙarfe ɗaya. Da gangan ta bar ta a kan bencin tashar, mahaifinta yana kallo.