Mutuwar da Aka Raɗa wa Eulalia

Eulalia Berrones na tsakar zuba kofi a gaban kyamara sai muryar Cipriano ta shigo kunnenta: "Dafe ƙirjinki."

A gidan talabijin ɗin nan na birnin Meziko ba a ba ɗan wasa takarda ya haddace. Kai tsaye ake watsa shiri. Ɗan abin ji ake cusa maka a kunne, Cipriano na can sama yana karantowa, kana maimaitawa kamar aku.

Ta dafe.

"Saki kofin."

Nan gabanta ya faɗi da gaske. Haka aka yi wa mai fitowa a mijinta bara, yanzu tikiti yake yagewa a ƙofar silima. Ita da a da maza ke cika layi don kallon rawarta ta rumba a fim, yau fitowa a uwa kaɗai ya rage mata, shi ɗin ma za a ƙwace ba ko sallama.

"Ki ce: 'Yata, tawa ta ƙare."

Eulalia ta dubi Marisela, mai fitowa a 'yarta, ta yi murmushi. "Ba komai, 'yar nan, jiri ne. Miƙo min sukari."

"Don girman Allah, Donya Eulalia, ki rufa min asiri," in ji Cipriano. "Ba ni na rubuta ba. Masu kamfanin sabulun da ke ɗaukar nauyin shirin ne suka ce tsohuwa ba ta sayar musu da kaya."

Tsohuwa! Shekara arba'in da uku fa.

Ita kuwa Marisela, baiwar Allah, abin da aka karanto mata shi ta bi. Ta ƙwala ihu, "Wayyo, Mama ta rasu!" Ga Maman a tsaye ƙiƙam, cokali a hannu.

Masu kyamara suka toshe baki. Eulalia ta ga dariyar na tafe, ta gidan duka, ta gari duka. A kore ta, wannan da sauƙi. A yi mata dariya ne ba za ta iya ba. Ta juya sau ɗaya a kan dunduniya, ta sulale ƙasa a hankali.

Da aka kashe fitilu, darakta Don Fulgencio ya zo yana tafi.

"Sarauniya! Ba ki taɓa wasa irin na yau ba!"

Ta tashi tana kakkaɓe rigarta.

"Gobe ki zo da wuri," ya ce. "Kuma ki sha maganin tarin nan naki. A buɗe za mu bar akwatin gawar, ke a ciki."