Injin da Ke Bayan Bango

Tsohon sojan ya yarda ya yi magana bisa sharaɗi ɗaya: kada kowa ya gane shi. Na ɗauke shi da kyamara a ɗakinsa, na zaunar da shi ya ba taga baya, fuskarsa ta zama baƙar inuwa. Muryar ma na sauya ta a kwamfuta. Ya faɗi yadda suka tare motar haya a bakin gada lokacin yaƙi, suka sauke maza tara, suka kashe su. Mijin gwaggona yana cikin taran.

Kafin fim ɗin ya fita na kai wa Gwaggo ta gani, tunda ita ma tana ciki. Na ɗora kwamfutar a kan teburin ɗinkinta. Babban ɗanta, da muke kira Yaya, ya shigo da baƙin mai a hannu. Gyaran injin niƙa yake yi. Yana ɗan shekara shida aka sauke ubansa.

"'Yar boko, yau mu ne a talabijin?" ya ce. "Ai da kin faɗa da na yi wanka."

Gwaggo ta ga kanta, ta ce, "Haka wuyana ya koma?" Muka yi dariya. Sai inuwar ta bayyana.

Ta saurara har ƙarshe, ta ce in kashe. Yaya ya ce in mayar baya.

"Zuwa ina?"

"Inda ya yi shiru."

Akwai wurin da tsohon ya kasa ci gaba, ya yi shiru na ɗan lokaci. Na bar wurin saboda ya yi kyau. Muryarsa na sauya, shirun ban taɓa shi ba. Can bayan bangon ɗakinsa wani injin niƙa yana aiki.

Sau uku Yaya ya sa na maimaita. Ya rufe ido, yana buga tebur da yatsa: biyu, ya tsaya, biyu.

"Bel ɗin nan tsinkewa ya yi," ya ce. "Ni na ɗinke shi da waya. Na ce wa mai injin ya sayi sabo, ya ƙi."

"Yaya, injin niƙa nawa ne a garin nan?"

"Da yawa, ƙanwata. Mai yin tari irin wannan ɗaya ne."

"Zauna ka ci abinci," in ji Gwaggo.

"Na ƙoshi, Inna."

Ya wanke hannu da sabulu, bai yi sauri ba. Ya buɗe jakar aikinsa, ya zaɓi babban sifana, ya bar sauran. Muka ji babur ɗinsa ya tashi.

Tsohon ba shi da waya. Lambar mai injin ce a wurina, ta ita nake samunsa. Na kira sau huɗu. Wa zai ji waya a gefen inji?

Na ɗauki makullin mota. Gwaggo ta kama wuyan hannuna. Ban san tana da wannan ƙarfin ba.

"Zauna," ta ce. "Ke ma ba ki ci ba."