Kaset ɗin Malam Isiyaku

Karo na uku ke nan Sharfaddeen yana buɗe aikin, kuma saƙon bai canza ba: ba a sami fulogin ɗin da aka yi amfani da su ba, wato ƙananan manhajojin gyaran sauti. Ya danna ya saurara. Muryar marigayi Malam Isiyaku ta fito a dushe, shuuu ɗin tsohon kaset ya kusa binne ta.

Kwana tara ya yi yana wanke muryar nan a ɗan situdiyonsa da ke bayan tashar Rano. Kaset ɗin kuwa ya tsinke tun ranar da aka juye shi a kwamfuta, babu wani a duniya.

Hajiya Tani, matar marigayin, tana zaune a kan benci da jakarta a cinya. Daga Tarai ta taso da sassafe. Surukarta, mahaifiyar Malam, tana kwance ba lafiya, ta ce tana so ta ƙara jin karatun ɗanta.

"Ya lalace ne, ɗana?"

"Bai lalace ba, Hajiya. Ki ba ni zuwa la'asar."

Ya fita baranda ya kira Dalhatu, wanda ya koya masa aikin a Kano.

"Duka sun ɓace, har da mai cire ƙara," in ji Sharfaddeen. "Amma ina ganin su a cikin kwamfutar."

"Me ka taɓa jiya?"

"Share-share na yi. Wuri ya cika."

"Ka goge wani ƙaramin fayil a inda manhajar take duba fulogin?"

"Na goge," in ji Sharfaddeen.

"Wannan fayil ɗin shi ake kira shel," in ji Dalhatu. "Manhajar ba ta zuwa wurinsu ɗaya bayan ɗaya. Shi kaɗai take tambaya, shi yake karanto mata sunayensu, ya kuma kai ta inda suke. In babu shi, ko ɗari ne a ajiye, ba ta san da su ba."

Kwandon sharar kwamfutar babu komai, da hannunsa ya zubar. Sai ya tuna da tsohuwar kwamfutarsa da ke gidan yayarsa a Rurum. Ya bar wa Hajiya ruwan sanyi, ya hau babur. Kafin azahar ya dawo da fayil ɗin a filashi, rigarsa jiƙe da gumi.

Ya saka shi a mazauninsa, ya sa manhajar ta sake bincike. Ta tsaya a kan shel ɗin, ta ƙi shi. Ya duba lambar da ke jikin sunan. Na tsohon zubi ne, fulogin ɗinsa kuwa sababbi.

Bai sake kiran kowa ba. Ya yi sallah, ya dawo ya zauna yana buɗe ma'ajiyar kayan ɗaki-ɗaki. Can ciki, inda aka girke su tun farko, ya ga wani shel mai lamba daidai da tasu. Ya kwafe shi, ya cire tsohon, ya sake bincike. Sunayen suka fara sauka a allo, ɗaya na bin ɗaya.

Ya miƙa wa Hajiya abin sawa a kunne. Muryar Malam ta fito tas, yana jan baƙi a hankali kamar yana cikin ɗakin. Ta rufe ido har aka kai ƙarshen surar. Sannan ta cire.

"Ka yi ƙoƙari, Allah ya yi albarka. Amma a daidai nan akwai daka. Inna ce take daka a tsakar gida ranar da aka ɗauka, har ya dakata ya yi mata sannu."

"Sannun tana nan. Dakan ne na cire, na zaci ƙara ce."

"Ita za ta nema kafin komai."

Sharfaddeen ya dubi agogo. Saura minti arba'in motar Kibiya da Hajiya za ta hau ta tashi. Ya jawo kujera, ya buɗe mai cire ƙarar, ya fara sassauta shi kaɗan-kaɗan, har sautin taɓarya ya soma tasowa a bayan karatun.