Tulin Yashin da Alƙali Ya Hana Taɓawa

Babanmu yashi yake haƙa a bakin kogi. Lasisin nasa ne, filin kuwa na Kawu ne, yayan Mama, kuma a sharaɗin lasisin Kawu yana da kaso gwargwadon nauyin yashin da ya fita. Daga nan rigima ta taso. Kawu ya ce a auna yashi da zarar an fito da shi daga kogi. Baba ya ce jiƙaƙƙen yashi rabinsa ruwa ne, shi kuwa bai ga dalilin biyan haƙƙi a kan ruwan Allah ba, a bari ya tsane tukuna. Tun ana yi da dariya har aka kai gaban alƙali, Kawu ya nemi a soke lasisin. In aka soke, tifar Baba sai dai ta zama akurkin kaji.

Alƙali ya ce kada wanda ya taɓa tulin yashin da ke bakin kogi sai an gama shari'a. Aka kafa turaku, aka zagaye shi da igiya. Mama ta daina zuwa gidan yayanta, amma kullum sai ta tambaye ni ko na ji labarin ƙafarsa mai ciwo.

Ana haka damina ta kankama. Tsakar gidan Kaka, mahaifiyar su Mama, ta zama tafki, sai an jera bulo ake kaiwa ƙofar ɗakinta. Duk wanda ya je gaishe ta sai ta nuna masa taɓon.

Ranar da alƙali ya zo duba tulin da idonsa, Kaka ta ce in raka ta. Muka tarar igiya na nan lafiya lau, amma an kwashe tulin ta gabas, an kwashe ta yamma, ya koma kamar kan da aka fara wa aski aka fasa. Lauyan Kawu ya nuna Baba, lauyan Baba ya nuna Kawu. Su kuwa masu shari'ar, da ba a raba su da musu, kowa ya sunkuyar da kai yana kallon takalminsa.

Kaka ta dogara sandarta ta matsa gaba.

"Ranka ya daɗe, in yashin nan kake nema, yana tsakar gidana. Surukina ya kawo mota guda, ya ce kada ɗana ya ji. Ɗana ya yi hayar mota ya kawo, ya ce kada surukina ya ji. Allah ya yi musu albarka, yanzu ko bulo ba na takawa."

Alƙali ya daɗe yana goge tabarau, kafaɗunsa na rawa saboda dariyar da yake dannewa. Sannan ya ce dukansu sun karya umarnin kotu, ko dai su daidaita nan take, ko ya hukunta su tare.

Suka koma gefen tifa suna ƙus-ƙus. Da suka dawo, Kawu ya ce ya janye ƙararsa, sun yarda yashi ya riƙa kwana a tudu kafin a ɗora shi a sikeli.

A hanyar gida Kawu ya shiga gaban tifa yana ɗingishi, ya ce wa Baba, "Ai kai jiƙaƙƙen yashi ka kai wa tsohuwa."

"To ka je ka auna shi, Yaya," in ji Baba.

Kafin mu gama ba Mama labari, ta yafa mayafinta, ta ɗauki man zafi, ta ce in kulle ƙofa.