Ruwan Teku a Garki

Ragon ya ƙi hawa akori-kurar, sai da Badaruddeen ya rungumo shi ta baya, Nicholas ya kama ƙahonni, direba na ta ihu a kula masa da fenti. Suka faɗa ciki gaba ɗaya, mutum biyu da rago. Badaruddeen na kwance yana dariya har da hawaye, hannunsa ɗaya a sama riƙe da ledar ruwa mai 'yan mitsi-mitsin kifaye da ya karɓo wurin masunta a dam ɗin Jabi.

"Ba ta fashe ba!" ya ce. "Nicholas, duba, ba ta fashe ba!"

Tun safe haka yake, kome dariya yake ba shi. Disamba ce ta shekarar da gwamnati ta tattaro daga Legas ta dawo Abuja, kuma sashensu na kula da kamun kifi yana cikin na ƙarshen tasowa. Matarsa Yusra ta riga shi zuwa da tsohon ciki, ta haihu yana can yana ɗaure kwalaye. Jiya da la'asar ya sauka, ya tarar da sabon gida a Garki, da mahaifiyarsa da ta zo daga Katsina, da jaririya, ta fari bayan dogon jira. Gobe suna.

"To me za a raɗa mata?" in ji Nicholas, abokin aikinsa kuma maƙwabcinsa, bayan mota ta hau titi. "Kai da ka san sunan kowace katantanwa a bakin teku."

"Wallahi na rasa. Duk wanda na ɗauko sai in bi ma'anarsa, sai in ga ya yi mata kaɗan."

"Sa mata na ƙatuwar katantanwar nan da ke kan teburinka."

"Conus pulcher? Kyakkyawa ke nan da Latin. Inna za ta kore ni."

Shekara da shekaru Badaruddeen na bin masu jan koma yana tsintar irin waɗannan katantanwun masu siffar mazurari. Ya san mai ɗamara-ɗamara a jiki, ya san mai ɗigo-ɗigo, ya san masu cin tsutsa da masu farautar kifi. Yawanci kwasfa kawai yake samu. Amma ana gobe za su taso, wani masunci ya kawo masa guda da ransa. Bai iya barinsa ba. Ya sa shi a bokiti, ya cika jarkoki da ruwan teku, ya rungumo shi a gaban babbar mota tun daga Legas. Kifayen ledar nan abincinsa ne.

"Shi na bokitin fa, ya sunansa?" in ji Nicholas.

"Ermineus. Sunan wata 'yar dabba ce mai farin gashi da ke zama cikin ƙanƙara. Ka ji fa! Abin da ya tashi a ruwan Legas mai ɗumi, aka laƙaba masa sunan dabbar ƙanƙara."

Direban, wani dattijo mai suna Yamusa, ya juyo ta tagar baya da ba ta da gilashi. "Ai masu ilimi ba sa tambaya in za su ɗauki suna, yallaɓai. Ni a Abuja aka haife ni, ban matsa ko'ina ba, na wayi gari ɗan Suleja. Sunan Abu Ja ne, sarkin da ya kafa garinmu. Suka ɗauko shi suka kawo nan daji."

Badaruddeen ya buga cinya yana ƙyaƙyatawa, ragon ya taya shi.

"Bahaushe ne ya iya suna," ya ce da ya samu numfashi. "Dodon koɗi. Na lambu ba dodon kome ba ne, amma nawa dodo ne na gaske. Yana da wani ɗan mashi a baki, in ya harbi kifi ko motsi ba ya sake yi. Mutum ma sai ya kwanta asibiti, in an yi sa'a."

Nicholas ya daina dariya. "Ina ka ajiye bokitin?"

"A kicin, bayan ƙofa."

"Ka gaya wa matan?"

Badaruddeen ya girgiza kai.

"Badar, Patricia tana kicin ɗinku tun asuba tana taya Inna aikin suna. Matata in ta ga katantanwa, barkono kawai take nema."

Suka haɗa baki suka kwaɗa wa Yamusa kira.

Motar ba ta san gudu ba, amma ranar ta koya. Tituna faffaɗa, babu kowa a kai sai motocin kaya masu lambar Legas da kujerun ofis a ɗaure ƙafafu sama. Matsalar a Garki ta taso. Benaye iri ɗaya, fenti ɗaya, matakala ɗaya, kuma Badaruddeen kwana ɗaya tak ya yi a garin.

"Wace Eriya?" Yamusa ya tambaya.

"Mai bishiyar mangwaro a gaba!"

"Yallaɓai, nan unguwa ba ta da suna, lamba ce da ita."

"Dama! Yi dama!" in ji Nicholas. Suka yi dama, suka ɓulla bayan wata makaranta. Suka dawo da baya. Badaruddeen na karanto duk addu'ar da ta zo bakinsa, yana hango hannun Patricia a cikin bokiti, yana hango na Inna, sannan wata dariyar tsoro ta riƙa kuɓuce masa, ya kasa tsayar da ita. Daga ƙarshe hayaƙin murhu da manyan tukwane a gindin wani bene suka nuna musu gida.

Ya diro tun mota ba ta tsaya ba, ya haye matakala da leda a hannu.

"Kada kowa ya taɓa bokiti!"

Mata suka ɗago daga tsintar shinkafa. Patricia ta fito daga kicin tana goge hannu a zane, lafiyarta ƙalau.

"Oga Badar, wannan abu naka ba ta da kunya," ta ce da Hausarta ta Makurɗi. "Na kai hannu, sai ya fito da dogon harshe yana nemana. Na ce a'a, wanda ya yi mini gwalo ba na ci."

Ya zauna daɓas a bakin ƙofa. Nicholas ya iso yana haki, ya kama hannayen matarsa yana jujjuyawa, tana fizgewa tana tambayar ko ya sha wani abu ne.

"Inna fa? Inna, kin taɓa?"

"Ni in taɓa wannan ƙazantar?" Inna ta fito da ludayi a hannu. "Allah ya kiyaye. Amma kai ma Badaru ba ka da tausayi. Dabba ko ta ruwa ce ai tana da hakki. Na ɗanɗana ruwan da ka bar shi a ciki, gishiri zalla, ya lalace a hanya. Na karkata bokitin na tsiyaye, na tara masa na famfo mai sanyi."

"Na famfo."

"Mai kyau. Har na jarkokin duk na zubar a kwata, na ɗauraye su. Ga su can mun cika da zoɓo."

Ya rarrafa ya leƙa bokitin. Ruwa garau. Katantanwar na kwance a gefe guda, naman ya saki ya yi fari, kwasfar da zanenta ruwan ƙasa da fari sai sheƙi take. Ya taɓa ta da bakin ludayin Inna. Shiru. Teku mafi kusa na can inda ya baro shi jiya.

Ya dubi ledar kifayen da ke hannunsa, suna ta iyo abinsu, an yafe musu ba su sani ba. Sai dariya ta kece masa, irin mai fitowa daga ciki, ya kifa kai a murfin jarka yana yi hawaye na zuba. Inna ta dubi Patricia.

"Murna ce," in ji Patricia. "Haihuwar fari haka yake sa su."

"Na gode, Inna," ya ce da ya iya magana. "Allah ya saka da alheri."

"Yauwa. Ka dai riƙa kula."

Yusra na zaune a ɗaki bakin gado, ta ji kome ta bango. Ta bar shi ya wanke hannu da sabulu har sau biyu kafin ta miƙa masa jaririyar. Jiya tsoro ya hana shi ɗaukarta sosai. Yau ya zauna, ya gyara ta a hannu, ta buɗe ido ɗaya ta dube shi ta rufe.

"Ka yi haƙuri da dodonka, Malam."

"Ya zo garin da ba nasa ba." Ya dubi jaririyar. "Yusra, liman zai tambaye ni da safe, kuma ba ni da abin faɗa masa."

Ta sunkuyar da kai tana wasa da bakin zane. "Ni dai tun ranar da ta zo, in ba kowa a ɗakin, Murja nake ce mata. Ban gaya wa Inna ba."

"Murjanatu?" Ya ɗago. "Kin san daga ina sunan ya fito?"

"Daga kakata mana. Sunanta ne. Ko shi ma yana da wata ma'anar da za ta yi mata kaɗan?"

Ya sani sarai. Murjani a ƙarƙashin teku yake tsirowa, ya sha tsintar gutsattsarinsa a cikin komar masunta. Bayanin ya taso masa har maƙogwaro, da Larabcinsa da Latin ɗinsa. A ƙasa ragon ya kuɓuce, ana jin Nicholas da Yamusa na zagaya bene da gudu, mata na shewa.

"A'a," ya ce. "Ya yi mata daidai."