Uwar da Yarema Ya Ara

Yarema maƙaryaci ne, kuma ba yunwa ce ta sa shi ba. Kaɗaici ne da zaman banza.

Aikinsa raka baƙi cikin ƙauyukan Canobil da aka kwashe mutanensu bayan hatsarin tashar nukiliya. Idan motar baƙi ta fita da la'asar, sai shi da karnuka da na'urar awon guba mai tsuwa a aljihunsa. Magana ɗaya yake maimaitawa kullum: kada a taɓa komai, kada a zauna a ƙasa, kada a ci abinci a fili. Har ya kai yana faɗa yana hamma.

Sai ya zaɓi wani kango mai shuɗiyar taga ya ce gidansu ne. Yakan tsaya gaban murhu ya nuna inda uwarsa ke gasa burodi kafin guba ta kashe ta. Baƙi su yi ta share hawaye. Shi kuwa bayan hatsarin aka haife shi, a wani gari can nesa.

Hinat direba ya ce, "Jiya tari ne ya kashe ta, yau kuma zuciya?"

"Uwarka ce ko tawa? Tuƙa motarka, dattijo."

Ran nan akwai wata tsohuwa cikin baƙin, riƙe da furanni. Ta saurare shi har ƙarshe, sannan ta ce, "Ɗan nan, ka ce na mutu?"

"Kaka, ban gane ba."

"Ni ce Horfina. Ɗakin nan aka kawo ni amarya. Mijina ya gina murhun nan, ni na shafa wa tagar shuɗi. 'Ya'ya mata na haifa. Ban tuna ka ba."

Yarema ya dubi na'urarsa. Ko tsuwa ba ta yi ba.

Horfina ta ɗora furannin a kan murhu. "Ga rufi yana yoyo, ga bishiya ta tsiro a tsakar ɗaki. Kullum kana nan, ko ƙusa ba ka buga ba. Wane irin ɗa ne kai?"

Hinat ya fita waje don ya yi dariya.

A ƙofar fita daga yankin, Horfina ta gaya wa shugaban masu rakiya komai, ba ta ɗaga murya ba.

Ba a kore shi ba. An mayar da shi gaban injin da ke duba guba a jikin masu fita. Daga safe har yamma abu biyu yake faɗa: "Ɗora hannu." "Wuce."